Tazara Ake Bi: Yadda Ake Warware Lissafin Abubuwa Biyu Masu Tunkarar Juna

Akwai wata tambaya da ba ta rabuwa da takardun jarrabawar lissafi. Abubuwa biyu sun taso daga wurare biyu suna tunkarar juna, kowanne da irin gudunsa, sai a ce a faɗi lokacin da za su haɗu ko kuma inda za su haɗu. Yau motoci ne, gobe jiragen ƙasa, jibi masu keke. Abin da ke damuna game da ita shi ne yawan ɗaliban da take kayarwa alhali sun san ƙa'idar da ake bukata. Sun haddace cewa nisa shi ne gudu sau lokaci. A ba su mota ɗaya mai gudun kilomita 80 a awa, a ce ta yi awa uku a hanya, nan take za su ce kilomita 240. Amma da an sako mota ta biyu sai alƙalami ya tsaya, domin hankali ya rabu gida biyu: a bi wannan ne ko a bi waccan?

Kada a bi ko ɗaya tukuna. A cikin tambayar akwai abu na uku da ke canzawa, wato tazarar da ke tsakaninsu. Ita ce ke raguwa, kuma haɗuwa ba komai ba ce illa lokacin da ta ƙare. Wanda ya zuba ido a kan tazarar ya mayar da tambayar abu biyu ta koma ta abu ɗaya, irin wadda ya riga ya iya.

Mu ɗauki garuruwa biyu, ɗaya a gabas ɗaya a yamma, tsakaninsu kilomita 300 a kan hanya ɗaya. Da ƙarfe 8:00 na safe ƙaramar mota ta taso daga gabas da gudun kilomita 90 a awa. A daidai wannan lokaci babbar mota ta taso daga yamma da gudun kilomita 60 a awa. Kafin a taɓa wata ƙa'ida, a tsaya a ƙarfe 9:00 a duba hanya. Ƙaramar ta ci kilomita 90 daga ɓangarenta, babbar ta ci 60 daga nata. Babu wani yanki na hanyar da aka ƙirga sau biyu, domin kowace daga nata bakin take ci, kamar mutum biyu da ke naɗe igiya ɗaya, kowa daga ƙarshen da ke hannunsa. Saboda haka tazarar ta ragu da 150, saura 150. Awa ta biyu ta cinye abin da ya rage. Da ƙarfe 10:00 sun haɗu.

Daga nan ƙa'idar ta fito da kanta: lokacin haɗuwa shi ne tazara a raba da jimlar gudun biyu. A nan 300 ÷ (90 + 60) = 2. A lura, babu motar da ke gudun 150. Tazarar ce ke raguwa da wannan saurin. Ina ganin malamin da ya rubuta ƙa'idar a allo kafin ya sa ɗalibai su tsaya a ƙarfe 9:00 su ƙirga da kansu ya hana su abin da zai cece su ranar da tambayar ta canza kama, kuma takan canza.

Hanyar tabbatar da amsa ba ta cin ko minti ɗaya. A cikin awa biyu ƙaramar mota ta yi kilomita 180, babbar ta yi 120. A tara su, 300. Idan jimlar tafiyar da suka yi ba ta yi daidai da tazarar farko ba, to akwai kuskure a wani wuri. Wannan gwajin ne ke tona asirin kuskuren da aka fi yi, wato a ɗauki matsakaicin gudun biyu, 75, a raba 300 da shi a samu awa huɗu. A cikin awa huɗu ƙaramar mota ta yi kilomita 360, ta wuce garin yamma ma da kilomita 60, ina maganar haɗuwa a hanya? Wasu kuma ɗebewa suke yi, 90 a ɗebe 60, saura 30. Ɗebewa tana da gurbinta, amma a wata tambayar daban, inda motocin biyu suka fuskanci waje ɗaya, ta baya tana ƙoƙarin cim ma ta gaba. A can, abin da ta baya ta rage, ta gaba tana maido da wani abu daga cikinsa, shi ya sa ake ɗebewa. A tamu kuwa dukansu ragewa suke yi.

Sai batun inda za su haɗu. Mutane da yawa sukan ɗauka a tsakiyar hanya ne, kuma hakan ba ya faruwa sai idan gudun ɗaya ne. Tunda lokaci ɗaya suka taso kuma lokaci ɗaya suka ɗauka a hanya, kowace za ta samu rabon hanya gwargwadon gudunta. 90 da 60 daidai suke da 3 da 2. A kasa hanyar kashi biyar, kowane kashi kilomita 60, ƙaramar mota ta ɗauki uku, babbar ta ɗauki biyu. Ga 180 da 120 sun sake fitowa ba tare da an nemi lokaci ba sam. Wannan dabara tana da amfani ƙwarai idan an ba da tazara da yadda gudun wannan yake a kan na wancan, amma ba a faɗi ainihin gudun ba.

Inda tambayar ke fara nuna haƙora shi ne idan ba tare suka taso ba. A ce babbar motar ta tashi da ƙarfe 7:00, ƙaramar kuma sai 7:30. Tara gudun biyu ba ya halatta sai a lokacin da dukansu ke tafiya. Tsakanin 7:00 da 7:30 babbar ce kaɗai a hanya, tazarar tana raguwa da 60 a awa kawai, don haka a rabin awa ta ragu da kilomita 30. Da ƙarfe 7:30 abin da ke tsakaninsu 270 ne. Daga nan tambayar ta koma irin ta farko: 270 ÷ 150 = 1.8.

A nan ne kuma wani rami yake. Awa 1.8 ba awa ɗaya da minti takwas ba ne, ba kuma awa ɗaya da minti tamanin ba. Awa minti 60 ce, don haka 0.8 na awa shi ne 0.8 × 60, wato minti 48. Sai a tambayi kai: daga yaushe aka fara ƙirga wannan awa ɗaya da minti 48? Daga 7:30, lokacin da ta biyu ta shigo hanya. Za su haɗu da ƙarfe 9:18. A gwada: babbar ta yi awa 2.3 tana tafiya, ta ci kilomita 138. Ƙaramar ta yi awa 1.8, ta ci 162. Jimla 300. Idan aka ce ɗaya ta tsaya minti ashirin a hanya, ko ta rage gudu bayan awa ɗaya, aikin ɗaya ne: a yanka tafiyar gunduwa-gunduwa, a kowace gunduwa a duba wa ke tafiya da wane gudu, a rage tazarar, a wuce gaba.

Ma'auni ma yana kayar da mutane, ko da yake maganinsa gajere ne. Ba a tara mita a sakan da kilomita a awa. Mai gudu da ƙafa yana yin mita 3 a sakan, mai keke yana yin kilomita 18 a awa, tsakaninsu kilomita 1.2. Kilomita ɗaya mita 1,000 ce, awa ɗaya sakan 3,600 ce, shi ya sa ake raba kilomita a awa da 3.6 a samu mita a sakan. 18 ÷ 3.6 = 5. Yanzu 3 da 5 sun zama 8, tazarar mita 1,200, lokacin haɗuwa sakan 150, wato minti biyu da rabi.

Wannan juyin ma'aunin ne ke nuna cewa lissafin bai tsaya a takarda ba. Direban da ya fito hannun da ba nasa ba domin ya wuce motar da ke gabansa yana cikin wannan tambayar dumu-dumu. Idan yana gudun kilomita 100 a awa, motar da ke zuwa ita ma 100, tazarar tana raguwa da kilomita 200 a awa, kusan mita 56 kenan a kowane sakan. Motar da ya hango a nisan mita 500, wadda ido ke gani ƙarama can nesa, sakan tara ne tsakaninsa da ita. Allon gudun motarsa 100 yake nuna masa, ba ya nuna masa ɗaya rabin.

Wani lokaci mai tambaya yakan juya abin, ya ba da lokaci ya ɓoye gudu. Jiragen ƙasa biyu, tsakaninsu kilomita 420, sun haɗu bayan awa uku, ɗaya ya fi ɗaya gudu da kilomita 20 a awa. Tunda tazarar 420 ta ƙare a awa uku, jimlar gudunsu 140 ce. A cire ƙarin 20 ɗin a ajiye gefe, saura 120, a raba biyu, 60. Mai jinkirin yana yin 60, mai saurin 80. Wanda ya fi son aiki da haruffa zai kira gudun mai jinkiri x ya rubuta 3x + 3(x + 20) = 420, ya samu x = 60. Duk hanya ɗaya ce, domin abin da wannan layin ke faɗa shi ne tafiyar wannan da tafiyar wancan sun cike tazarar.

Jirgin ƙasa yana da wata matsala da mota ba ta cika jawowa ba: tsawo. A tambayoyin da suka gabata mun ɗauki kowace mota kamar ɗigo, domin tsawon mita huɗu ko goma ba komai ba ne a cikin kilomita 300. Amma idan aka ce jirage biyu a layin dogo biyu da ke kusa da juna, ɗaya tsawonsa mita 200 yana gudun kilomita 72 a awa, ɗaya mita 160 yana gudun 90, aka tambayi tsawon lokacin da za su ɗauka kafin su gama wuce juna, to tsawon shi ne tazarar. A tsaya daidai lokacin da kawunan jiragen suka yi daura da juna, a dubi taragon ƙarshe na kowanne. Tsakanin ƙarshen wannan da ƙarshen wancan akwai 200 da 160, wato mita 360. Jiragen ba za su rabu ba sai waɗannan ƙarshen biyu sun haɗu. Ashe tambayar haɗuwa ce dai, sai dai wutsiyoyi ne ke tunkarar juna. 72 ya zama mita 20 a sakan, 90 ya zama 25, jimla 45, kuma 360 ÷ 45 = 8. Sakan takwas. Fasinjan da ke zaune bakin taga a jirgin farko kuwa nasa lissafin daban ne. Shi ɗigo ne, abin da zai gifta ta gabansa tsawon ɗaya jirgin ne kaɗai, mita 160, kuma zai wuce shi cikin sakan uku da rabi da ɗan ɗoriya.

Tambayar ta tsufa ƙwarai. A cikin wani tsohon littafin lissafi na ƙasar Sin mai babi tara, wanda masanin nan Liu Hui ya yi wa sharhi a shekarar 263, akwai agwagwar daji da ke tashi daga tekun kudu ta isa tekun arewa cikin kwana bakwai, da dinya da ke tashi daga arewa ta isa kudu cikin kwana tara. Idan suka tashi tare, yaushe za su haɗu? Abin sha'awa a nan shi ne ba a faɗi nisa ba, ba a faɗi gudu ba, amma amsar tana nan. Tunda ba a ba mu nisan ba, muna da 'yancin zaɓar wanda zai sauƙaƙa mana. A zaɓi 63, domin 7 da 9 duk suna raba shi ba saura. Agwagwa tana cin 9 a kwana, dinya tana cin 7, tare 16. 63 ÷ 16 ya ba da kwana uku da kashi 15 cikin 16 na kwana, kusan kwana huɗu. Ko da ninkin 63 aka zaɓa, ko rabinsa, amsar ba za ta canza ba, domin gudun ma zai ninku ko ya rabu tare da nisan. Wanda ya fahimci wannan ya kuma fahimci tambayar famfo biyu da ke cika tanki ɗaya, da ta ma'aikata biyu da ke aiki ɗaya, domin ƙashin bayansu guda ne.

Wadda na fi so a cikinsu duka ita ce ta tsuntsu. Masu keke biyu, tsakaninsu kilomita 40, kowanne yana tafiyar kilomita 10 a awa zuwa ga ɗan'uwansa. Wani tsuntsu mai gudun kilomita 30 a awa ya tashi daga kan na farko ya nufi na biyu, yana isa ya juyo, ya yi ta kai da komo har masu keken suka haɗu. Kilomita nawa tsuntsun ya yi? Mai gaggawa zai bi tsuntsun. Zuwan farko: tsuntsu da mai keke na biyu suna tunkarar juna da jimlar 40, tazarar 40, awa ɗaya kenan, tsuntsu ya yi kilomita 30. A wannan awar masu keken sun ci goma-goma, saura 20 a tsakaninsu. Komowa: rabin awa, kilomita 15, saura 10. Sai 7.5, sai 3.75, kowace tafiya rabin ta baya, kuma ba ta da ƙarshe. Ana iya tara wannan jeri, jimlarsa tana kusantar 60. Amma wanda ya ƙyale tsuntsun ya dubi tazarar masu keken zai ga cewa 40 ÷ 20 awa biyu ce. Tsuntsun bai huta ba tsawon awa biyun nan, yana gudun 30. Kilomita 60, a layi ɗaya. Ana ba da labarin cewa an taɓa yi wa John von Neumann, shahararren masanin lissafin nan haifaffen birnin Budapest, irin wannan tambaya, ya amsa nan take. Da aka ce ashe ya san gajeriyar hanyar, sai ya nuna cewa jerin ya tara a ka. Ga sauranmu, gajeriyar hanyar ta wadatar, kuma ita ce ke nuna cewa lokaci shi ne abin da duk masu motsi a cikin tambaya suka yi tarayya a kai.

Haɗuwa ta biyu ma da wannan idon ake ganinta. 'Yan tsere biyu, ɗaya a wannan baki ɗaya a wancan baki na fili mai tsawon mita 100, ɗaya yana yin mita 3 a sakan, ɗaya 2, kowa in ya kai ƙarshe ya juyo. Haɗuwar farko bayan sakan 20, lokacin da suka ci tsawon filin sau ɗaya a tsakaninsu. Kafin su sake yin kiciɓis sai kowa ya ƙarasa zuwa ɗaya bakin, jimla ta zama tsawo biyu, sannan su sake tunkarar juna su ci na uku. Mita 300 a raba da 5, sakan 60. Mai saurin ya yi mita 180, mai jinkirin 120, sun haɗu a mita 20 daga inda mai saurin ya fara.

Duk wannan ya tsaya ne a kan sharuɗɗa da ya kamata a faɗa a fili. Na farko, gudun kowanne bai canza ba a cikin gunduwar da ake lissafawa. A zahiri direba yana ƙarawa yana ragewa, don haka abin da ake kira gudunsa matsakaici ne. Akwai kuma iyakar da ilimin kimiyya ya gano. Tun bayan aikin Albert Einstein na shekarar 1905 an san cewa idan gudu ya kusanci na haske, kimanin kilomita 300,000 a sakan, gudun da ɗayan zai auna wa ɗan'uwansa ba ya kai jimlar biyun. Idan kowanne yana yin kashi 75 cikin 100 na gudun haske, kowa zai ga ɗayan yana zuwa da kashi 96 cikin 100 ne. Ga mota da jirgi bambancin bai kai a auna shi ba, sai a bar shi.

Sharaɗin da ya fi shafar ɗalibi shi ne cewa kan layi ɗaya suke, fuska da fuska. Da an saka kusurwa a tsakani, tarawar ta daina aiki. Mota ɗaya tana kilomita 30 arewa da wata mararraba, tana nufo ta da gudun 30 a awa. Wata tana kilomita 40 gabas da mararrabar, tana nufo ta da gudun 40. Dukansu za su iso bayan awa ɗaya. Tazarar da ke tsakaninsu kai tsaye, in an ja layi daga wannan zuwa waccan, da ƙa'idar Fitagoras ake samunta: 30 × 30 a tara da 40 × 40 ya ba da 2,500, wato 50 × 50. Kilomita 50 ce, kuma ta ƙare cikin awa ɗaya, saboda haka da gudun 50 take raguwa, ba 70 ba. Bayan rabin awa ɗaya tana kilomita 15 daga mararrabar, ɗaya tana 20, tsakaninsu 25, daidai rabin 50. Idan kuwa nisan da ake tambaya shi ne na kan kwalta, daga wannan mota a bi ta mararrabar zuwa waccan, to kilomita 70 ne, kuma da gudun 70 yake raguwa.